Tulun Irin Wake

Kakata ta wajen uba ba ta iya karatu ba, amma babu mai riga ta isa majami'a ran Lahadi. Mu Kiristoci ƴan gidaje ne ƙalilan a ƙauyenmu, kusa da Urafane, kuma a cikinmu ni na fi kowa nisa a lakwal, wato makarantar boko. Saboda haka in na zo hutu, duk la'asar sai ta shimfiɗa tabarma a gindin bedi ta ƙwala mani kira: "Mai gidana, taho ka karanta mani Maganar Allah, tunda noma ya gagare ka." Ni kuma in ce amaryar da ba ta da haƙori ko ɗaya ba ta da bakin yi wa miji gori.

A ƙuryar ɗakinta akwai wani tulu da aka liƙe bakinsa da laka. Irin wake ne a ciki, cakuɗe da toka don kada ƙwari su ci. Daga gidan uwarta a Korgom ta zo da shi ranar da aka kawo ta aure. Ƙananan ƙwayoyi ne ja-ja, masu saurin nuna, su ke riƙe gidanmu a tsakiyar damina lokacin da rumbu ya yi ƙasa, gero kuma bai kai ba. Kowace shekara ita da hannunta take zaɓen na iri, ba ta yarda ko babana ya taɓa.

Shekarar da annoba ta sa aka rufe makarantu na dawo daga Tasawa, inda nake karatu, da wayar salula cike da wa'azi. Duk a kan ƙarshen duniya ne: yaƙe-yaƙe, cututtuka, yunwa, ƴaƴa ba sa jin maganar iyaye. Wani mai wa'azin har ya lissafa ya ce Ubangiji zai dawo kafin shekara ta fita. Na haddace maganarsa tsaf, ina ta zuba wa mutane. Ƙaramin sani ƙuƙumi ne, amma gaskiya ba jahilci kaɗai ba ne ya ja ni. Daɗi nake ji in ga manya sun yi tsit suna kallon bakina.

Wata la'asar, bayan na gama jero mata alamomin, kakata ta ce, "To, mai gidana, za mu ga girbin bana kuwa?"

"Ba za a kai girbi ba, tsohuwa," na ce mata, ko gezau ban yi ba.

Abin da har yau yake ci mani rai shi ne, a kwanakin nan duk safiya ina bitar takarduna don jarrabawa. Wanda ya tabbata duniya za ta tashi kafin girbi, me zai yi da jarrabawa?

Ran Asabar ta fasa lakar tulun, ta bushe tokar, ta wanke waken. Washegari bayan an tashi daga sujada ta kira kowa gidanmu, an dafa da mai da yaji. Har rugar Fulanin da ke kawo mana nono ta aika da kwano guda. Tana ta fara'a tana cewa, "Ku ci, ku ci, mi za a aje ma wa?" Ni kuwa sai da na ƙara.

Da fastonmu ya gane abin da ya ci, sai ya ajiye cokali. Bai kunyata ni a gaban mutane ba. Bayan gida ya ja ni, ya tambaye ni ko a karatun da nake yi wa tsohuwa ban taɓa cin karo da wurin da aka ce babu wanda ya san ranar ba. Na ci karo da shi sarai, tsallakewa na yi don zai ɓata mani labari.

Ruwa ya sauka a kan lokacinsa, kamar kowace shekara. Babana ya samo wani iri a kasuwar Urafane aka shuka, ya yi yabanya mai kyau, amma bai nuna ba sai tare da gero. Makonnin da waken kakata ya saba rufa mana asiri, da tafasa da ɗan gari muka yi su. Ina kallo tana rage nata tana tura wa jikoki. Ba ta taɓa tayar mani da maganar waken ba, ni kuma na kasa haɗa ido da ita.

Da rani na hau kabu-kabu har Korgom, ina bin danginta gida-gida. Wasu sun ce sun daɗe da komawa irin da furoje, masu aikin tallafa wa manoma, ke rabawa. Daga ƙarshe wata ɗiyar ƙaninta ta auno mani tafi biyu, ta ce tana jin shi ne. Da damina ta zo ni da kaina na shuka shi a gefen gona, ni da noma ya gagara, na yi ta tsaronsa daga awaki.

Ranar da ya nuna na kawo wa kakata a ƙwarya. Ta ɓare ɗaya, ta kai kusa da idonta, ta daɗe tana juya ƙwayar a tafin hannu. Sannan ta dafa, ta zuba mana kwano ɗaya, ta kai loma.

"Shi ne, mai gidana," ta ce. "Wanga shi ne. Ka huta hakanan."

Tun ina rarrafe nake cin waken nan, loma ɗaya ta ishe ni in san ba shi ba ne. Ita ma ta sani. Matar da ban taɓa jin ta yi ƙarya ba, ranar ta yi ta saboda ni, na kuwa bar ta ta yi. Na ce to, na ci gaba da ci.