Ruwan Alwalar Baba Maigadi

Da za a ba ni damar goge abu ɗaya daga rayuwata, kalmomi uku zan goge, waɗanda na faɗa a gaban wani tsoho saboda wata 'yar bishiya da ba ta kai ƙuguna ba.

Cikin shekarun saba'in ne, lokacin da fari ya koro mutane daga arewa suka cika Kaduna suna neman aiki. Ni na yi dace na samu aikin gadina, wato kula da furanni da shuke-shuke, a gidan wani babban ma'aikacin gwamnati a Unguwar Rimi. Aka ba ni ɗaki ɗaya a bayan gida, ni da matata da jaririyarmu. Ɗakin da aikin a haɗe suke, ranar da ka rasa ɗaya ka rasa ɗayan. Katanga ta kewaye mu, ƙofa ɗaya ce, sai mu yi mako ba mu leƙa titi ba.

Maigidan yana da wata shuka da ya fi so a kan duk furannin gidan. Irinta ya zo da shi daga ƙasar waje inda ya yi kwas, ya raine ta a gwangwani kafin ya dasa ta kusa da ƙofar shiga. Ganyenta sirara ne, in ka murza sai ka ji ƙamshi irin na itacen turare. Ya ce min danginsu ɗaya da turare da gwaiba, amma ita a busasshen daji take fitowa. Ya rubuta sunanta a jikin fallen kwano ya kafa, ni da na tsaya a aji huɗu ban taɓa iya karanta shi ba. Umarni biyu ya ba ni: kada in ba ta ruwa sai ƙasa ta bushe ƙurmus, kada kuma in sa mata taki.

Ni kuwa ɗan lambu ne. A fadamar garinmu na tashi, inda mahaifina yake auna mutum da yawan ruwan da ya ɗiba kafin hantsi. A ganina barin shuka da ƙishirwa mugunta ce, kuma ɗan boko bai san ƙasa ba. Da zarar motarsa ta fita ofis sai in juye mata bokiti guda, da la'asar in ƙara. Na tona gindinta na binne kashin kaji na rufe. Da ta yi 'yan furanni jajaye sai na ce a raina, ga shi nan.

Bayan wata biyu ganyen ya fara yin rawaya yana zuba.

Maigadin gidan tsoho ne, tsohon soja, ina kiransa Baba. A gefen shukar yake alwala, don ba ya son ruwan alwala ya zube a siminti a banza, gara wani abu mai rai ya sha. Ya sha ganina da bokiti, bai taɓa kai ƙarata ba, sai dai ya yi min tsiya cewa zan koya wa baƙuwa iyo.

Maigida ya kira ni ya tambayi abin da ya sami shukar. Na tuna ɗakin nan da jaririya, sai na ambaci alwalar Baba. Aka hana shi. Ya koma bakin kwata da butarsa, ni ma na daina zuba ruwa, amma an makara, kullum sai ƙara lalacewa take. Ranar da ta bushe gaba ɗaya maigida ya tsayar da mu biyu a gabanta. Ya ce ƙasar har yanzu da danshi a ciki, wani bai ji magana ba. Ya juyo ya tambaye ni ko tsohon ya ci gaba da alwala a wurin in ba ya nan.

Na ce, "Na gan shi."

Baba bai musa ba. Ya naɗe tabarmarsa, ya ɗauki butarsa da bargonsa. A bakin ƙofa ya tsaya ya dube ni, ya ɗaga butar kaɗan.

"Ɗana, irin wannan guda nawa ke cika bokitinka?"

Ya ce in gai da mai ɗakina, ya fita.

Ni aka sa na tone kututturen. Saiwar ta ruɓe ta yi baƙi, ga kashin kajin nan a jikinta. Na kwashe shi cikin buhu na kai bayan ɗakinmu kafin maigida ya fito. Shekara shida na ƙara a gidan. Kullum sai na wuce ta wannan gurbi sau ashirin, ban iya faɗin gaskiya ba, ban kuma iya barin aikin ba. Matata ta sani, ba ta taɓa tayar da zancen ba, sai dai ta daina aika wa sabon maigadi abinci ta hannuna.

Da na bar gidan na je Unguwar Kanawa inda aka ce yana zaune wurin ɗan'uwansa. Aka ce ya koma ƙauye tuntuni, ba wanda ya san wanne.

Na kai shekarunsa yanzu, har na wuce. Duk wanda ya karanta wannan, ina roƙonsa: in an ba ka amanar abin da ba ka sani ba, ka bi yadda aka ce maka. In kuwa ka ɓata, kada ka nemi wanda ya fi ka rauni ka tsayar da shi a wurinka, kamar yadda na yi.