Waken Tozai a Duron Shara

Har gobe ba zan manta da Asabar ɗin da na ga wakena cikin duron shara ba. Lokacin ni ke kai wa wata jami'a wake da shinkafa daga Illela. Tsarin shi ne ma'ajin sito ya karɓi kaya, shugabar kicin ta dafa, in ƙorafi ya taso kuma kan ɗan kwangila yake sauka. Ma'ajin ya bugo mini waya, wai ɗalibai ba sa cin wakena, za a ba wani kwangilar.

Na tafi da kaina. A bayan ɗakin cin abinci na tarar da mata biyu suna juye wata ƙatuwar tukunya cikin duro. Shinkafa da wake ne, har da mai, tururi na tashi. A shekarar nan damina ta yi gardama a Tozai, inda nake sayo wake, manomin da ya sayar mini da waken nan sai da ya kau da kai lokacin da ake ɗinke buhunsa na ƙarshe.

Na sa hannu a tukunyar na ci. Ba ƙwaro, ba tsakuwa.

Na ce wa shugabar kicin, "Hajiya, mi ya samu waken ga?"

"Lafiyarsa lau, Alhaji. Masu ci ne babu. Tun Juma'a yawancin yara sun tafi gida."

"To don mi ake dafa na kowa?"

Ta rage murya. "In na rage yau, zango mai zuwa a rage mini kaso. Kai ma buhunanka su ragu. Mai duba aiki ne ya ga duron, muka rasa ta cewa, muka ce wakenka ne. Zan gyara maka maganar, kai dai ka yi shiru."

Gaskiya ta faɗa, cinikina na cikin duron nan. Amma ranar Litinin na je wurin jami'in kula da ɗalibai na gaya masa abin da na gani. Aka rage girkin ƙarshen mako. Kwangilar ta zauna a hannuna, sai dai odar ta zabge sosai, Hajiya kuma ta daina amsa gaisuwata.

Ku da kuke koyon sana'ar nan, ku riƙe wannan: aikinku bai ƙare a bakin sito ba. Ku zaga baya ku ga inda kayanku ke kwana.