Mai Yankan Fim a Tashar Birnin Kudu

A tashar Birnin Kudu, a inuwar motar majigin Jihar Kano, wani mutum yana zaune kan akwati, almakashi na leƙe daga aljihunsa. Idanunsa jajur, yatsu uku sun yi baƙi da gam. Direban motar ya ce mini mutumin ne ke yanke fim ya haɗa: a kawo masa naɗi goma, ya zubar da tara. Ina jin zubar da mutanen ne ya gajiyar da shi haka.

Wata tsohuwa daga Farin Dutse ta durƙusa gabansa.

"Malam, bara kun ɗauki hoton manoman gyaɗa a garinmu. Jiya na kalla a Gwaram, ban ga yaron ba. Ya rasu da kaka."

"Allah ya jiƙansa. Yaya sunansa, Inna?" in ji mai almakashin.

Ta sunkuyar da kai. Direban ya yi tsaki.

"Kai, mutumin birni, ɗan fari ne! Ina ka taɓa jin uwa ta faɗa?"

"Dogo ne, da jar hula," ta ce.

Mutumin ya ja numfashi, ya buɗe gwangwanin guntayen da ya yanke, waɗanda yake yawo da su don faci. Yana ɗaga su ga rana ɗaya bayan ɗaya, yana ƙanƙance ido. Na ƙirga har na bari. Can ya tsaya a kan wani guntu, ya datse taƙi guda daga jikinsa, ya miƙa mata da hannu biyu.

Ba ta duba ba. Sai da ta juya mana baya, ta ja mayafi, sannan ta ɗaga guntun fim ɗin sama.