Dandalin Italiya a Bayan Benenmu

Wata uku da zuwan Inna wurinmu a unguwar Tottenham ta Landan, sai ta fara ɗaure kayanta. Ba sanyi ne ya kore ta ba. Cewa ta yi garin da mutum zai wuni ba wanda ya ce masa ina kwana, ba gari ba ne. Ni kuwa ga tsohon ciki, da na tuna za ta tafi sai kuka.

Maigidana zanen gine-gine ya karanta, amma bas yake tuƙawa. Sau ɗaya ya taɓa zuwa Italiya, ya zauna a wani tsohon dandali, har yau bai gama dawowa ba. Ya zaunar da mu ya shiga bayani. Wai tun zamanin yaƙin takobi aka shimfiɗa wurin da jan bulo, ya ɗan gangara zuwa tsakiya kamar faranti. Ga rijiya, ga hasumiyar ƙararrawa, ga rumfuna masu ginshiƙai a kewaye. Duk lungun da ka biyo, cikin mutane za ka faɗo.

Inna ba ta yi wa suruki magana kai tsaye. Ta dubi bango ta ce mini, "Ki ce masa wannan ai ƙofar gida ce."

Ashe zuga shi ta yi. Ranar Asabar ya sauka wurin ajiye motoci, ya jera kwandunan sharar maƙwabta, wai ginshiƙai. Bahon wankina ya zama rijiya. Ya kafa tsani ya rataya masa murfin tukunya, ya ajiye kujera a tsakiya. Ji na yi kamar in nutse. Inna kuwa ta yafa mayafi, ta sauka ta hakimce.

Wani tsohon Bature da ke ƙasanmu ne ya fara fitowa neman kwandonsa, fuska ta yi jawur. Inna ta ga mutum ya taso takanas har inda take. Ta tambaye shi gajiya, ta tambayi iyali, ta yi masa ya sanyi. Yana ɗaga murya, tana cewa madalla. Kafin la'asar, mutanen da ba mu taɓa ganin fuskarsu ba sun cika wurin, kowa na nuna kwandonsa, suna ta faɗa wa juna sunayensu don su haɗa kai su kai ƙara.

Maigida ya raɗa mini, "Kin gani? It's working!"

Ranar Litinin ma'aikatan council, wato hukumar unguwa, suka zo suka rushe Italiya, har da bahona suka tafi. Na hau sama, na tarar Inna tana kwance ƙullin kayanta.

"Mutanen nan akwai zumunci," in ji ta, "kunya ce ta yi musu yawa. Ki ce masa ya fasa sayen tikitin jirgin. Sun zo sun gaishe ni, ba na tafi ban bi su gida-gida na rama ba."

Benen namu hawa goma sha biyu ne. Ba ta kai rabi ba na haihu, kuma ita ta yi wa 'yata wankan farko.