Faifan da na bayar sadaka

Shekara goma sha biyu ke nan da rasuwar ƙanina Bashir, amma sai bana na gane ɓarnar da na yi masa da hannuna.

Bashir gyaran na'urorin wasa yake yi a wani ɗan shago kusa da Bab Makka a Jidda. Wasa ɗaya ne ya shiga ransa, na gawawwaki masu tafiya suna bin masu rai. Faifai uku gare shi na wasan nan, kwalinsu kusan iri ɗaya. Bugun Amurka ba a taɓa shi ba, jini har bango. Wanda ake sayarwa a nan Jidda an yanke masa wasu wurare. Na Japan kuwa an rage jinin sosai, ko an sari gawa, kanta ba ya fita. Nakan yi masa tsiya, in ce ƙato da gemu ya zauna yana tantance jinin matattu.

Bayan jana'iza, ni aka ɗora wa fitar da kayansa sadaka. Na ga abu ɗaya har uku, na ce wannan almubazzaranci ne. Na ajiye na Amurka, tunda shi yake yawan yabo, sauran biyun na haɗa da jallabiyoyinsa aka kai unguwar Sa'alaba.

Bana 'yarsa Ruƙayya, wadda ya bari tana da shekara uku, ta zaro na'urar wasansa daga ƙarƙashin gado. Ta ce da ni baffanta, "Ammi, ina so in ga inda Baba ya tsaya a wasan ne kawai, bas." Muka kunna. Ga ajiyar wasansa nan da sunansa, wato inda ya tsaya, amma faifan Amurkan da na ajiye ya ƙi buɗe ta. Ashe kowane bugu tasa ajiyar kawai yake karantawa.

Mahaifiyarta Hajara ta leƙo ta ce, "Yaya, ai wannan bai taɓa sa shi a gida ba. Na Japan yake sawa, don kullum Ruƙayya na kan cinyarsa."

Na ji kunya ƙwarai. Ni da nake ganin na fi kowa saninsa, na riƙe abin da yake cika baki da shi a shago, na kyautar da wanda yake bugawa a ɗakinsa.

Yau yara ba sa sayen faifai, saukewa suke yi ta intanet, ba su ma san an yanke musu wani abu ba. Da Bashir na nan da ya yi ta mita, daga baya ya fi su iyawa. Ni dai wata huɗu ke nan ina zagaya masu tsofaffin kaya neman bugun Japan ɗin, ban dace ba tukuna.

Shagon ya zama wurin sayar da turare, abokan wasansa sun watse. Abin da ya rage na Bashir shi ne hankalin da ya yi wa 'yarsa tun ba ta san ana yi ba. Na ce mata ta fara sabon wasa da faifan da ke hannu mana. Ta mayar da shi kwalinsa ta ce, "Halas, a bar shi, Ammi. Zan jira wanda Baba ya zaɓa mini."

Allah ya jiƙan Bashir.