Safar Hannun Inna Mai Kitso

Inna Mai Kitso kowa ke ce mata, har ’ya’yan da ta haifa. Tun tana budurwa take zama a ’yar kujera a bakin ɗakinta, kan mace a cinyarta, kwalbar mai a gefen ƙafa. Ba a taɓa jin wadda ta tashi daga gabanta da ciwon kai ba, domin da fatar yatsa take gane inda gashi zai ja, sai ta sassauta tun mai kan ba ta ce uffan ba.

Wani farin tabo ne ya faro mata daga babban yatsa, ɗan ɗigo kamar madara ta fallatsa. Ta yi dariya, ta ce ga shi za ta zama Baturiya da tsufanta. Kafin a ankara ya rufe bayan hannuwa, ya haura wuyan hannu. Likita ya ce launin fata ne kawai ke janyewa, ba a ɗaukarsa daga wani. Ta maimaita wa duk wadda ta zo. Suka ce to, Allah ya sawwaƙe, sannan kowacce ta samo uzurinta, kujerar ta koma cikin ɗaki.

Wannan duk ta haɗiye. Abin da ya tsaya mata a wuya shi ne jikarta, ɗiyar fari ta autarta. Dangin uban yarinyar sun ce kada wannan hannu ya taɓa musu ɗiya. Autar ta sayo safar hannu baƙa, ta miƙa mata kai a sunkuye, ta ce don dai a zauna lafiya. Da safar Inna ta ɗauki jaririyar, da ita ta goya ta. Ta zuba ido gashin ya taru, tana cewa a ranta kitson fari dai ai nata ne.

Wata ranar hutu aka kawo yarinyar da sabon kitso, na wata ce a kasuwa. An ja shi har girarta ta ɗage, ƙuraje sun feso a goshi, tana ta ƙananan kuka. Inna ta zaunar da ita a cinya za ta tsefe. Safar tana zamewa, zarenta na kama gashi, yarinyar ta ƙara sautin kuka.

“Auta, in cire? Ko na gaban goshin nan kawai.”

Autar ta dubi ƙofa. Mijinta na waje a mota, yana jira.

“Inna, tana magana yanzu. Za ta faɗa a gida.”

Inna ta tashi daga kujerar, ta ce wa autar ta zauna. Ta tsaya a kansu, hannuwa a baya, tana faɗa mata ta fara daga jela, ta shafa mai, ta danne tushen da yatsa kafin ta ja.

“A hankali,” in ji ta. “Wurin kunnen nan ya fi zafi.”