Kafintan da Ya Kai Banki Kotu

Kawu Kafinta ake ce masa a layin, har waɗanda suka girme shi. Da hannunsa ya yi kowace ƙofa da tagar gidansa, ɗaki uku da rumfar aiki a gaba. Wannan gidan ya ba banki jingina, don ƙanensa ya samu rance ya buɗe gidan burodi.

"Yaya, sa hannu kawai za ka yi," in ji ƙanen a lokacin. "Takarda ce za ta kwana a wurinsu."

Gidan burodin bai yi ƙarko ba. Ƙanen ya bar gari, wayarsa ta daina shiga. Wata safiya Kawu ya fito ya tarar an rubuta a bangonsa da jan fenti cewa gidan na sayarwa ne.

Matarsa ta riga ta rasu, 'yarsa ɗaya tana aure a nesa. Masu zuwa hira rumfarsa suka ɗauke ƙafa, sai ka ce bashi cuta ce mai yaɗuwa. Gaisuwar maƙwabta ma ta koma ɗaga hannu daga nesa.

Ya sayar da injin yankan katakonsa ya ɗauki lauya, wata mace mai saurin magana. Hujjarsu ɗaya ce: banki bai sanar da shi ba kafin ya sa gidan a kasuwa.

Ranar zaman kotu yakan goge rigarsa, ya isa tun ana shara, ya zauna a bencin baya shi kaɗai. Yawanci ɗage shari'ar ake yi. Har masinjan kotun ya saba da shi.

"Kawu, ka kusa zama ma'aikaci a nan fa. Ko mu nema maka kujera mai jingina?"

"Bar ni a bencina, ɗana. Ni da jingina mun ɓata."

Suka yi dariya. Wani makon, iyakar hirar da yake samu ke nan.

Bayan dogon kai-komo, alƙali ya soke sayarwar. A kan matakalar kotun lauyar ta yi masa bayani.

"Mun yi nasara, Baba, amma bashin yana nan. Suna iya sake farawa, wannan karon bisa ƙa'ida."

Ta dubi agogo, ta wuce wani zaman.

Ya koma gefe ya kira 'yarsa.

"Baba, muna asibiti, jikanka ne ba lafiya. Lafiya dai?"

"Lafiya lau. Allah ya ba shi sauƙi."

Bai gaya mata ba.

A cikin bas ya zauna kusa da wani mutum mai riƙe da jaka a cinya. Ya yi ta juya maganar a bakinsa, can ya kasa haƙuri.

"Malam, yau na ci shari'a. Da banki."

"Madalla," in ji mutumin, yana leƙen taga. Ya buga jikin mota, direba ya tsaya, mutumin ya sauka.